Marai a Bayan Gidan Haya

Bayan gidan hayarmu a Aboabo,
inda kwata ke gangarawa rafi,
akwai kwakwar manja guda, tsohuwa kamar ni.
Marai sun yi mata aski, sun bar ta da tsinke,
sun rataya mata gari guda a ka.

Ni magini ne, ko in ce na taɓa zama.
Shekara arba'in da ɗaya ina ɗora bulo kan bulo
daga Asawase har Bantama.
Yau gwiwa ta ƙi, ido kaɗai ke fita aiki.

Da asuba yake farawa, mai baƙin kai, mai rawayar riga.
Ya tsaga ganye da baki, ya tashi da zaren sama,
ƙafa ta danne, baki ya zura, ya jawo, ya ƙulle.
Zobe tukuna. Kullum zobe tukuna.
Ba igiyar awo, ba cebur,
ba ɗan kwangila mai cinye rabin siminti.
Tsawon jikinsa shi ne ma'auninsa.

Adiza jikata, mai karatu a jami'a,
ta zo hutu ta tarar da ni ina kallo.
Ta ce, Kaka, ba haka suka fara ba.
Kakannin kakanninsu tarkace suke tarawa,
kamar yadda wasu danginsu ke yi har gobe can arewa,
ƙaya kan ƙaya, ko oho.
Shekara dubu sau dubu, sau abin da baki ba ya ƙirgawa,
maciji na hawa, ruwa na zuba.
Wanda ya ɗaure tamau, 'ya'yansa suka kwana,
wanda ya yi sakaci, zuriyarsa ta bi iska.
Maciji ne, in ji ta, ya juya musu ƙofa ta kalli ƙasa.

Na ce, Allah ne ya koya masa.
Ta ce, ban musa ba, Kaka,
makarantar ce dai ta yi tsawo.

Na yi shiru.
Ni ma ai ruwan Kumasi ne malamina:
katangar farko da na tayar a Alabar,
damina ɗaya ta kwantar da ita.

Can sai ga macen ta zo duba aiki.
Gogan ya rataye, kai ƙasa, fiffike na kaɗawa,
yana zuba kamar yaron mota a Kejetia.
Ta shiga. Ta ja nan, ta ja can.
Ta fito ta yi gaba, ko waiwaye.
Bai kai ƙara gun sarkin zango ba,
bai tara dattawa ba.
Ya warware abinsa zare-zare ya watsar,
kafin la'asar ga sabon zobe, kore shar.

Asibi ta faɗo mini a rai, Allah ya jiƙanta.
Ranar da na kai ta ganin harsashinmu a Kenyase
ta taka shi da ƙafa, kusurwa zuwa kusurwa,
ta ce, to ina wurin murhu?
Na ce, bari damina ta wuce.
Ashe filin mutum uku aka sayar wa,
kuma ni ne mai ƙaramar murya.
Ban sake zobe ba.

Jiya iska ta kayar da sheƙa ɗaya bakin ƙofa,
busasshiya, ba nauyi, kamar tsohuwar hula.
Adiza ta ce za ta kai wa malaminsu.
Na ce, ba ni tukuna.
Na juya ta, na sa tabarau, na sake juyawa,
ina neman inda ya soma ƙullin farko.
Har aka kira magariba ban same shi ba.